Buɗaɗɗiyar Wasiƙa ga Ma'aikatan Sashen Gaggawa da Ɗakin Haihuwa: Ku Duba Yatsu Kafin Ku Sallami Mutum

Assalamu alaikum likitoci, nas-nas da ungozomomi,

Bayan gaisuwa da fatan aiki yana tafiya lafiya. Da hannun hagu nake buga muku wannan wasiƙa, da yatsu biyu, shi ya sa ta ɗauke ni kwanaki. Ni malamin lissafi ne a makarantar sakandare, kuma yau shekara uku da rabi rabon hannuna na dama da riƙe alli. Ban zo neman fansa ba, ba kuma zan ambaci sunan asibiti ko na wani ma'aikaci ba, domin waɗanda suka duba ni a daren da abin ya faru sun yi mini kirki iya saninsu. Akwai dai wani bincike na minti biyu da ba a yi mini ba, kuma a kansa nake son mu yi magana.

Ina saman tsani ina gyaran wata waya a rufin gida, tsanin ya zame. Da na ji zan tafi ƙasa sai na kai hannun dama na cafki wani ƙarfe da ke sama da kaina, duk nauyin jikina ya rataya a hannun nan ɗaya. Na ji wani abu kamar lantarki ya tsarga mini daga gindin wuya har ƙarshen ƙaramin yatsa, hannun ya saki ƙarfen da kansa, na faɗo. A sashen gaggawa an ɗauki hoton kafaɗa da na hannu, babu karaya, babu gocewa. Likita ya ce in ɗaga hannu sama, na ɗaga. Ya ce in lanƙwasa gwiwar hannu, na lanƙwasa. Ya taɓa wuyan hannuna ya ji jini yana bugawa. Ya dafa kafaɗata ya ce, "Malam, ka auna arziki." Na ce masa ƙaramin yatsana da na kusa da shi ba sa jin komai, kamar ba nawa ba. Ya ce tsamin jiki ne, zai sake nan da kwana biyu. Aka ba ni maganin ciwo da abin rataye hannu, aka sallame ni.

Babu wanda ya ce in ware yatsuna. Babu wanda ya miƙo mini yatsansa ya ce in damƙe. Da an yi, da an ga cewa hannun da ke ɗagawa sama sumul ba ya iya riƙe ko takarda.

A kwana na uku matata ta tsaya tana kallona ta ce, "Wai me ya sami idonka na dama? Ya ƙanƙance." Na duba madubi, fatar idon ta ɗan sauko kamar mai jin barci. Muka ce kumburin faɗuwa ne. Na koma asibiti bayan mako biyu, aka ƙara mini ƙwayoyin bitamin. Na koma bayan mako shida, aka ce in ƙara haƙuri, jijiya ba ta son gaggawa. Haka na yi ta zarya, kowane zuwa sabuwar fuska, kowace fuska ta buɗe katina ta ga an rubuta "babu karaya" ta ɗora a kai. Sai da wata ma'aikaciyar sashen gashin ƙashi da motsa gaɓoɓi, yarinya ce ma sabuwar kama aiki, ta sa mini takarda tsakanin yatsu ta zare ba tare da wata turjiya ba, ta ɗago ta kalli idanuna ɗaya bayan ɗaya, ta ce, "Baba, wannan ba aikin gashi kaɗai ba ne." Ita ta rubuta takardar da ta kai ni gaban likitan tiyatar jijiya. Lokacin an shiga wata na goma sha huɗu.

Na san kun karanta abin da zan faɗa yanzu a makaranta, kun kuma ci jarrabawa a kansa. Ku yi mini haƙuri in maimaita shi, saboda wasiƙar a buɗe take, masu jinya da iyaye ma za su karanta. Idan na ce jijiya a nan, ina nufin jijiyar da ke kai saƙo tsakanin lakar da ke cikin ƙashin baya da tsoka da fata, ban da ta jini. Saiwoyi biyar ne ke fitowa daga laka ta tsakanin ƙasusuwan wuya su nufi hannu, kuna kiransu C5, C6, C7, C8 da T1. Suna haɗuwa su rabu su sake haɗuwa kamar saƙar igiya, su bi ta ƙarƙashin ƙashin nan da ya gitta daga ƙirji zuwa kafaɗa, su ratsa hammata su bazu cikin hannu. Wannan saƙar ce kuke kira birakiyal fileksus. Saiwoyin sama, C5 da C6, su ke ɗaga kafaɗa da lanƙwasa gwiwar hannu. Na ƙasa, C8 da T1, su ke da tafin hannu: lanƙwasa yatsu, ware su da haɗe su, kawo babban yatsa ya sadu da sauran, da jin taɓawa a ƙaramin yatsa da gefen sangalin hannu na ciki har zuwa gwiwa.

Yadda aka ja hannu shi ke nuna wace saiwa za ta tsinke. Idan kai ya yi gefe guda kafaɗa ta yi ƙasa, kamar wanda ya faɗo daga babur a kan kafaɗarsa, na sama ne ke shan wahala. Shi ne shanyewar da ke ɗauke da sunan likitan Jamus Wilhelm Erb, wanda ya yi bayaninta a 1874, kuma ita kowa ya fi sani domin ta fi yawa, tana kuma nuna kanta daga nesa: hannu ya saki ya rataya. Idan kuwa hannu yana sama da kai aka fizge shi, kamar wanda ya kama reshe yana faɗowa daga bishiya, ko wanda injin ya ja hannunsa, ko wanda aka ja a ƙasa ta hannu ɗaya, to na ƙasa ne ke tafiya. Mai wannan rauni yakan shigo muku yana ɗaga hannu yana lanƙwasa shi, shi ya sa yake wucewa ta gabanku ba a gane ba. Akwai kuma wani rashin sa'a a halittar wurin. Saiwoyin sama suna da ɗauri da ya riƙe su jikin ƙashin wuya, don haka sukan tsinke a waje, inda likita zai iya kai hannu ya ɗinka. C8 da T1 ba su da irin wannan ɗauri, saboda haka sau da yawa tumɓuko su ake yi daga jikin laka, kamar yadda ake tumɓuke shuka da saiwarta. Abin da aka tumɓuke daga laka ba ya komawa da kansa ko za a shekara goma ana jira.

Idon da matata ta gani shi ne shaidar hakan, kuma mace ce ta fara warware wannan alaƙa. Augusta Klumpke, wadda aka haifa a San Faransisko ta Amurka a 1859 ta yi karatun likita a Paris, ta wallafa bincikenta a 1885 tana ɗaliba. Ta nuna cewa ƙananan jijiyoyin da ke buɗe ƙwayar ido da taimaka wa fatar ido ta tsaya suna fita ne daga laka tare da saiwar T1 kafin su hau sama zuwa fuska. Idan rauni ya kai gindin wannan saiwa, fatar ido takan ɗan sauko, baƙin ɗigon tsakiyar ido ya tsuke, wani lokaci gefen fuskar ya daina gumi. Alamomin suna ɗauke da sunan likitan ido na Suwizalan, Friedrich Horner, wanda ya bayyana su a 1869, shanyewar hannun kuma tana ɗauke da sunanta. Ita ce mace ta farko da ta ci gurbin likita mai koyon aiki a asibitocin Paris. Ina yawan tunanin cewa abin da ɗaliba ta gano sama da shekara 130 da suka wuce, ba tare da na'urar hoto ko ɗaya ba, yana nan a fuskata wata goma sha huɗu ina yawo da shi daga layi zuwa layi.

Ba na cewa duk wanda ya ce ku ba jijiya lokaci ya yi kuskure. Herbert Seddon, likitan Ingila da ya yi ta fama da raunukan jijiya a lokacin Yaƙin Duniya na Biyu, ya kasa su gida uku a farkon shekarun 1940, kuma har yau da rabonsa ake aiki. Akwai jijiyar da ta bugu kawai, saƙo ya tsaya amma zaren bai tsinke ba, wannan takan farfaɗo cikin kwanaki ko makonni, da wuya ta wuce wata uku. Akwai wadda zaren ciki ya tsinke amma kwasfar tana nan, sabon zare zai iya bin tsohuwar hanya ya tsiro. Akwai wadda ta rabu biyu, sai an ɗinka. A daren farko dukkansu kama ɗaya suke yi, na yarda. Amma haƙurin da ke da amfani shi ne wanda aka sa wa rana, aka rubuta abin da za a auna idan ranar ta zo, da inda za a tura mutum idan ba a ga canji ba. Ni haƙurin da aka ba ni babu rana a jikinsa.

Ga lissafin da ya hana ni barci bayan na fahimce shi, kun san hali, sana'a ba ta barin mutum. Jijiyar da ke sake tsirowa tana tafiyar kusan milimita 1 a rana, wato wajen santimita 3 a wata. Tsokar da ta rasa jijiyarta kuwa ba ta jira har abada. Tsakanin wata 12 zuwa 18 wurin da jijiya ke manne mata yakan lalace, naman ya rame ya koma tabo da kitse, ko jijiyar ta iso daga baya ba za ta sami mai amsa mata ba. Na sa tef na auna daga gindin wuyana zuwa tsakiyar tafin hannu, na sami santimita 75. Milimita 750 ke nan, kwana 750, sama da shekara biyu. Matafiyin yana buƙatar wata 25, mai masaukin kuma zai rufe ƙofa a wata 18. Wannan ne dalilin da ya sa raunin saiwoyin ƙasa ya fi na sama muni ga babban mutum. Tsokar kafaɗa da ta damtse suna kusa da wuya, jijiya na iya riskarsu da rai. Ƙananan tsokokin tafin hannu su ne zangon ƙarshe.

Saboda haka zan faɗa muku gaskiyar da likitan tiyatar ya faɗa mini, don kada a ce na ɗora muku abin da ba naku ba. Hoton MRI, na'urar da ke haska cikin jiki, ya nuna an tumɓuke saiwoyin biyu daga laka. Ko a daren da na faɗo aka kai ni gabansa, ƙananan tsokokin nan da ke sa mutum ya zura zare a allura ko ya ɓalle maɓallin riga da wuya su dawo. Amma akwai abin da zai iya yi a wata na huɗu ko na biyar wanda ba zai iya ba a wata na goma sha huɗu. Tunda saiwoyin sama lafiya suke, akan yanko reshen jijiya mai rai daga wata tsoka da ke da mataimaki, a juya shi a ɗinka a kan jijiyar da ta mutu, can ƙasa kusa da tsokar da ake son tayarwa. Akwai tsokoki fiye da ɗaya da ke lanƙwasa gwiwar hannu, sai a ari jijiyar ɗaya a ba tsokokin da ke lanƙwasa yatsu. Akwai fiye da ɗaya da ke juya tafin hannu sama, sai a ari jijiyar ɗaya a ba masu buɗe yatsu. Tafiyar shekara biyu ta koma ta 'yan watanni. Likitocin wannan fanni sun fi son yin irin wannan aiki tsakanin wata uku zuwa shida bayan rauni, sakamakon kuma yana raguwa da kowane watan da aka ƙara. Idan wuƙa ko gilashi ne ya yanke jijiyar, ba a ma jiran komai, ɗinki ake yi tun da wuri.

Ni abin da ya rage mini shi ne dashen igiyar tsoka. An kwance igiyar ɗaya daga cikin tsokokin da ke ɗaga wuyan hannuna aka ɗaura ta a kan igiyoyin da ke lanƙwasa yatsu, aka yi wa babban yatsa irin wannan dabara da wata tsokar. Yanzu idan ina son damƙar kofi, sai in ce wa kaina "ɗaga wuyan hannu", yatsun su rufe gaba ɗaya kamar ƙugiya. Na gode wa Allah, na gode wa wanda ya yi aikin. Ina ɗaukar jaka, ina riƙe ƙofa. Makulli kuwa sai hagu, sa hannu a takarda sai hagu, kuma ɗalibaina sun sha dariyar lambar 8 da nake zanawa a allo kafin hannun ya saba.

To me nake roƙo? Duk wanda ya zo muku bayan faɗuwa ko haɗari, ya ce hannunsa ya yi nauyi ko wani yatsa ya mutu, ku tambaye shi a wane hali hannun yake lokacin da aka fizge shi. Amsar kaɗai ta isa ta nuna muku inda za ku duba. Ku miƙa masa yatsunku biyu ya damƙe. Ku ce ya ware yatsu ku gwada matse su. Ku sa takarda tsakanin yatsunsa ku ja. Ku ce ya taɓa kan ƙaramin yatsa da babban yatsa. Ku shafa auduga a ƙaramin yatsa, ku hau da ita gefen sangalin hannu na ciki, domin a nan ake bambance wannan rauni da matsewar jijiya a gwiwar hannu, wadda kan bar fatar sangali da tudun gindin babban yatsa lafiya. Sannan ku rage hasken ɗaki ku kalli idanun biyu tare, a duhu bambancin ya fi fitowa. Na gwada da agogo, duk wannan bai kai minti biyu ba. Kada ku jira sai kun ga hannun nan na cikin littafi da yatsu suka ƙandare kamar ƙafar shaho. Wannan siffa sai bayan makonni ko watanni take bayyana, wanda kuma tsokokin lanƙwasa yatsunsa suka tafi gaba ɗaya, hannunsa shimfiɗewa yake yi kawai. Nawa haka ya yi, tsakanin ƙasusuwan bayan hannun ya lotsa.

Abin da kuka gani kuma ku rubuta shi dalla-dalla, tsoka bayan tsoka, da kwanan wata. Wanda zai duba mutumin bayan mako huɗu ba shi da wani ma'auni sai abin da kuka bari a kati. Gwajin lantarki na jijiya da tsoka ba ya faɗin gaskiya a kwanakin farko, sai bayan mako uku zuwa huɗu, don haka a ba shi rana tun daga sashen gaggawa. Idan akwai alamar ido, ko karayar haƙarƙarin farko, ko zafi mai ƙuna a hannun da ba ya jin taɓawa, to kada a tsaya jiran wata uku ma, a tura shi wurin masu tiyatar jijiya kai tsaye. Na san ba kowane asibiti ke da irin wannan likita ba, a ƙasashe da yawa ana ƙirga su da yatsu. Wannan ma dalili ne na fara neman layi da wuri. Ina roƙon shugabannin sassa su sa a manna suna da lambar wurin da ake turawa a bangon ɗakin likita, yadda ƙaramin likitan da ke aikin dare ba zai tsaya tunanin ina zai kai mutum ba.

Yanzu gare ku, iyayenmu ungozomomi da likitocin haihuwa. A layin jiran likita na zauna kusa da wata baiwar Allah da ɗiyarta 'yar shekara biyu. Yarinyar tana wasa da murfin kwalba da hannu ɗaya, ɗayan yana kwance a cinyarta, yatsun a sake. Uwar ta ce tun ranar haihuwa ta lura, ta faɗa, aka ce mata ai haka jarirai suke, zai warware. Na kalli fuskar yarinyar na ga irin idona.

Raunin wannan saƙar jijiya wajen haihuwa yakan sami jariri 1 zuwa 3 cikin kowane 1,000. Mafi yawansu na saiwoyin sama ne, kuma mafi yawan waɗannan suna warwarewa da kansu cikin watannin farko. Daga nan maganar "zai warware" ta samo asali, kuma tana da gaskiyarta. Amma ba ta hau kan jaririn da tafin hannunsa ya mutu ba. Raunin saiwoyin ƙasa su kaɗai ba kasafai ake ganinsa a jarirai ba. Abin da aka fi gani shi ne hannu ya shanye gaba ɗaya tun daga kafaɗa har yatsu, kuma idan alamar ido ta haɗu da wannan, masana sun daɗe da sanin cewa jira ba zai gyara shi ba, akan yi maganar tiyata tun jaririn yana wajen wata uku. Ga kuma inda lissafina ya juya ya zama albishir: hannun jariri gajere ne, tafiyar da jijiya za ta yi kaɗan ce, don haka tafin hannun da ba a iya ceto wa babba ana iya ceto wa jariri wani abu mai yawa daga cikinsa, in an kai shi a kan lokaci. Gwajin kuwa kun fi ni saninsa. Sa yatsa a tafin jariri, lafiyayye zai damƙe. Mai raunin sama hannunsa zai rataya amma zai damƙe. Wanda bai damƙe ba, a duba idonsa, a rubuta, a tura.

Ina zargin tsoro ne ke sa a yi shiru, tsoron kada a ce ungozoma ce ta ja yaro. Kun san dabarun da ake koyarwa idan kafaɗa ta maƙale: a naɗe cinyoyin uwa zuwa cikinta, a danna saman ƙashin mara, kada a danna saman ciki, kada a fizgi kai. Kun san haɗarin ya fi yawa ga jariri mai nauyin da ya haura kilo 4, da uwa mai ciwon suga, da jaririn da ya zo ta ƙafa hannuwansa a sama. Amma an tabbatar raunin yana faruwa ko ba a ja ba, har a jariran da aka ciro ta tiyata an same shi. Saboda haka rubuta "hannun dama ba ya damƙa" a katin jariri ba amsa laifi ba ne. Ina kira ga shugabanninku su faɗi wannan da babbar murya, domin ma'aikaciyar da ke tsoron takardar tuhuma ba za ta rubuta abin da ta gani ba, yaron kuma shi zai biya.

A taƙaice kuma, ba kowane mai wannan alama ne ya faɗo daga wani wuri ba. Dattijon da ya daɗe yana shan taba, ya zo da ciwon kafaɗa mai sauka zuwa ƙaramin yatsa, tafin hannu yana ramewa, ido ɗaya ya ƙanƙance, a ɗauki hoton ƙirjinsa kafin a ce sanyin ƙashi ne, domin kansar da ke fitowa a ƙololuwar huhu, wadda ke ɗauke da sunan likitan Amurka Henry Pancoast, a kan waɗannan saiwoyi take zama. Akwai masu ƙarin haƙarƙari a wuya tun haihuwa, akwai waɗanda aka buɗe wa ƙirji don tiyatar zuciya, akwai matan da aka gasa wa kansar mama da haske shekaru da suka wuce.

Saura maganar zafi, wadda ita ce ban taɓa samun wanda ya tambaye ni ba sai da na kai wurin masu jijiya. Mutane suna ɗauka hannun da ba ya ji ba ya ciwo. Wallahi yana yi. Nawa kamar an tsoma shi a tafasasshen ruwa ne dare da rana, sannan lokaci zuwa lokaci wani abu ya tsarga kamar an jona mini waya, in ƙame a tsakiyar magana har ɗalibai su yi tsit. Daga laka zafin yake tasowa, daga gurbin da aka tumɓuke saiwar, shi ya sa farasitamol da danginsa ba sa taɓa shi. Akwai magungunan da aka tanada don zafin jijiya, irin su amitiriftilin da gabafentin da firegabalin, waɗanda likita ne ya kamata ya tsara su ya kuma bi sawunsu, akwai kuma tiyatar da ake yi a jikin laka ga wanda magani ya gaza masa. Mutumin da ya dawo muku karo na huɗu yana cewa hannun da ya mutu yana ƙuna, ba raki yake ba, ba kuma ƙwaya yake nema ba. Ni an taɓa kallona da wannan ido, kuma ya fi mini ciwo fiye da hannun.

Abin mamaki, hannun da ke ƙuna daga ciki ba ya jin wutar gaske. Wata rana ina guga da hagu, na dafa teburin da dama, ƙauri ne ya sanar da ni cewa ƙaramin yatsana yana jingine da dutsen guga. Gyambon ya yi wata biyu. Jimla ɗaya daga bakin nas a ranar sallama, cewa in kiyayi zafi da kaifi a gefen nan kuma in riƙa duba fatar kullum da ido, da ta raba ni da wannan. Haka batun gaɓoɓi. An bar ni da abin rataye hannu makonni, babu wanda ya ce in riƙa lanƙwasa yatsun da ɗaya hannun sau da yawa a rana, babu wanda ya yi mini abin tallafe yatsu na kwana. Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi. Lokacin da na isa wurin likitan tiyata gaɓoɓin sun sandare, sai da aka yi wata uku ana gashi da motsa su kafin ya yarda ya taɓa ni, domin ya ce babu amfanin ɗaura igiya a ƙofar da ta yi tsatsa.

Na ga yadda sashenku yake da tsakar dare. Na ga jini a ƙasa, na ga mutum uku a kan gado biyu, na ga likita ɗaya yana gudu tsakaninsu. Wanda ya shigo da ƙafarsa yana ɗaga hannu dole ya zo a ƙarshen layi, ban ce a sa shi gaba ba. Roƙona shi ne a ƙara layi uku a takardar da kuke cikewa kafin sallama, ta manya da ta jarirai: yana damƙa ko ba ya damƙa, yana ware yatsu ko ba ya warewa, idanu daidai suke ko ba daidai ba. Idan amsa ɗaya ta zo a karkace, a rubuta ranar dawowa da sunan wurin da za a tura shi, a kuma faɗa masa da baki cewa watanni shida na farko su ne nasa, kada ya bari su wuce yana jira a gida.

Allah ya ƙara muku lafiya da juriya.

Naku,
Malamin lissafi da ya koma rubutu da hagu